Mai Kulki da Akuyar Yayarsa

Tun yana ƙarami ba a san shi da komai ba sai faɗa. Uwarsu ta rasu yana rarrafe, yayarsa ce ta goye shi, ita ce kuma ta sha yawon ba da haƙuri gida-gida saboda kawunan 'ya'yan mutane da ya fasa. Ita kaɗai ke ce masa Auta. Sauran mutanen ƙauyen Mai Kulki suke kiransa, saboda wani guntun icce mai ƙaton kai da ba ya rabuwa da shi ko wanka zai shiga.

Gonar da ubansu ya bari, jaki in ya yi birgima a ciki sai ya taɓa iyakar maƙwabta, ga ƙasar ta gaji. Ya yi ƙodago a gonakin mutane, ya je birni ya yi dako, ya dawo ba ko sisi, ba haƙoran gaba. Ya yi aure, matar ta gaji da kwana da yunwa da tashi da hayaniya, ta tattara nata ya nata. Ita ma Yaya mijinta ya rasu ya bar mata yara, ta koma surfe da ɗiban ruwa a gidajen mutane.

Ana haka sai ga masu taimako, kuma har kashi biyu. Na farko suka kawo dashen mangwaro, aka shuka a fadamar bayan gari, kowane gida da layinsa, aka ce in sun girma motoci za su riƙa zuwa saye. Na biyu suka raba wa matan da mazansu suka mutu awaki, don a samu madara da abin sayarwa ran wuya. Duka biyun alheri ne, ban ce ba. Amma don Allah, wa ke kawo dashe da akuya gari ɗaya, a tsakiyar rani, bai kawo wayar shinge ba, bai kawo ko igiya ba? Da ma sun tsaya sun gaisa da juna a hanya.

Da ɓarnar awaki ta yi yawa, dattawa suka ba Mai Kulki gadin fadamar, tunda ba mai iya ja da shi, kowane gida zai riƙa ba shi ɗan hatsi. Tun da aka haife shi ba a taɓa ba shi amanar ko allura ba, sai abin ya shige masa rai. Ya kewaye kowane dashe da ƙaya, yana ba su ruwa da bokiti, har magana yake yi musu.

Ya zauna ya karanci akuya tsaf. Tsayuwa take yi da ƙafafun baya, ta dafa ƙayar da na gaba, ta miƙa wuya ta tsinke tohon da ke sama, kuma in ta tsinke shi dashen ya gama yawo. Don haka ya sanar cewa shi ba zai kashe dabbar kowa ba, amma duk wadda ya kama zai karya mata ƙafar gaba ɗaya, ya ga da me za ta dafa.

Bai faɗa don wasa ba. Zai cafko ta ta ƙaho, ya danne wuyanta da gwiwa, ya ɗora ƙafar a kan wani faffaɗan dutse, ya sauke kulki sau ɗaya, ƙas, kamar an karya busasshen kara. Idonsa ƙur a kan ƙafar, ba ya kuskure. Akuyar matar tela ce ta fara sha. Da ya karya ta mahaucin garin, mahaucin ya zo masa da wuƙa, ya koma gida da fasasshen hanci, jini har cikin aljihu. Kafin wani lokaci gari ya cika da awaki masu ɗingishi, har ana tsokana wai awakin garin sun koyi rawa. Matan da ke da su dai ba su yi dariya ba.

Yaya ta same shi a gaban jama'a ta ce ya ji tsoron Allah. Ta ce akuya mai ƙafa uku ba ta iya nisa neman abinci da rani, nononta ya ƙafe, ta rame ta mutu, kuma matan nan ba su da komai bayanta. Ya ce doka doka ce, ko tata ya kama sai ya karya. Kowa ya ji, mahauci ma ya ji.

Tata akuyar ja ce, da tsohon ciki, kuma a ɗakinta take kwana, kusa da tabarmar yara. Madararta suke jira. Kullum a ɗaure take da turke, ita Yaya ke yanko mata ganye. Wata rana da la'asar ta tafi rijiya, Mai Kulki ya zago ƙarshen fadama sai ya ga jar akuya tsaye tana tsinkar toho, ga mutane sun riga sun taru, abin da bai taɓa faruwa ba. Mahauci na gaba da gatari. Mai Kulki ya dubi guntun igiyar da ke wuyan akuyar, ya ga yankan wuƙa ne sumul. Ya gane da gangan aka sako ta don a gwada shi.

Suka ce ko ya yi mata abin da ya yi wa nasu, ko yau su sare dashen nan kaf. Mahauci ya ɗaga gatari ya datse guda ɗaya don ya nuna da gaske yake, ya matsa wajen na biyu.

Ya dubi itatuwan da ya raina da bokiti, ya dubi cikin akuyar. Itatuwan ya zaɓa, kuma in za a faɗi gaskiya har da girman kai, bai so a ce Mai Kulki ya janye maganarsa. Ya danne ta, ya ɗora ƙafar a kan dutsen. Yana jin muryar Yaya daga nesa tana kiran Auta, tana gudu. To wannan karon ya kasa kallo. Mutumin da bai taɓa ƙifta ido a kan dabbar wani ba, a kan tata sai ya runtse ido, ya sauke kulkin da dukan ƙarfinsa.

Ƙarar ba irin wadda ya saba ji ba ce. Da ya buɗe ido, hannun Yaya ne a kan dutsen, ta rufe ƙafar akuyar da shi. Ƙashi ya huda fata ya fito fari, jini na bin dutsen. Ba ta yi ihu ba, akuyar ce ke ta ihu. Ta dube shi kawai ta ce, “Sake mata wuya, Auta, tana da ciki.”

Sai ya haukace. Ya yi kan mahauci ya sauke masa kulki a kafaɗa, gatarin ya faɗi, mutane suka rufe shi da duka, wani da sanda, wani da ƙotar gatarin, har ya daina motsi. A amalanke ɗaya aka kwashe shi da Yaya zuwa asibitin da ke can nesa, hanya duk ramuka. Shi haƙarƙarinsa ya warke. Ita hannun ya haɗe a karkace, yatsun suka ƙanƙame, ko ludayi ba ta iya riƙewa da shi.

A makon ne dattawa suka zauna suka ce a riƙa ɗaure awaki da rani, a riƙa tara musu harawa tun da kaka, aka kuma aika wa masu dashen su kawo waya, suka kawo. Abin da zama ɗaya ya isa a gama tun farko, sai da hannun mace ya tafi. Wannan har yau yana ƙona mini rai.

Mangwaron ya yi. Motoci suna zuwa, gidaje da dama sun samu rufin kwano, yaran Yaya suna makaranta. Kulkin ya daɗe da shiga murhu, sunan ne ya ƙi fita. Kullum da safe shi ke tatsar mata awaki, jikokin jar nan, shi ke ɗaukar mata kwandon mangwaro zuwa bakin titi, ya tsuguna a gefenta. Ya sha roƙonta ta zage shi, ko ta mare shi da hannun mai lafiya, ta ce ba ta da lokacin shirme.

Abin da ke kashe shi shi ne masu saye. Sai wata ta leƙo daga mota ta ga hannun, ta yi salati, ta ce, “Mama, me ya same ki haka?”

“Akuya ce ta ture ni, na faɗi a kan dutse,” in ji Yaya, ko kallonsa ba ta yi. “Auta, zaɓo wa baiwar Allah nunannu.”

Shi kuma ya sunkuyar da kai cikin kwandon, ya yi ta zaɓe, ya daɗe bai ɗago ba.