Durƙuson da Na Yi a Cocin Roma

Komai zan iya mantawa da shi a aikin gini, ban da ranar da na bi ayarin Sinawa yawon coci-coci a birnin Roma, ina sanye da kaftani da hula, ba na jin ko kalma ɗaya daga abin da ake faɗa. Ku da kuke kirana Baba Injiniya kuna zaton da natsuwata aka haife ni, to ga yadda abin ya faru.

A tsakiyar shekarun 1980 ne, ina Riyad, ina aiki a kamfanin gine-ginen wani dattijon Balarabe da muke kira Abu Khalid. Shi ne mai kamfani, shi ne kuma kafilina. Ga wanda bai yi zaman Saudiyya ba, kafili shi ne wanda ya tsaya maka aka ba ka iƙama, wato takardar izinin zama. Fasfonka ma a durowarsa yake kwana. In ya sa hannu ka zauna, in ya ɗauke hannu ka haɗa kayanka. A lokacin iƙamata ta kusa ƙarewa, kuma ya yi mini alkawarin in ya sabunta ta zai sa hannu a kawo mini matata da yarana daga Zariya. Na daɗe ban gan su ba, ɗan autana ma a hoto kawai na san shi.

Ni ne injiniyan kayan aiki. Duk abin da za a sa a jikin gini, daga siminti har tayil, sai na duba na amince. Shugabana a fili kuwa Mista Lin ne, mutumin Taiwan, don a shekarun nan su da 'yan Koriya sun cika wuraren gini a Riyad. Lin mutumin kirki ne, amma irin masu kirkin nan da ba sa tambayarka kafin su yi maka alheri. Kyamara kuwa ba ta barin wuyansa.

Abu Khalid yana gina masallaci a unguwar Nasim, sadaka ga mahaifiyarsa da ta rasu, ya ce marmarar Italiya yake so a daɓen. Ƙa'idar aiki ita ce kafin a loda dutse a jirgin ruwa sai injiniyan kaya ya je ya gani ya sa hannu. Aka yi mini bizar fita da dawowa, muka tafi ni da Lin. Muka gama da masu yankan dutse lafiya, muka sauko Roma, jirginmu kuma sai bayan kwana guda.

Da yamma Lin ya same ni da fara'arsa ya ce, "Sama'ila, gobe zan kai ka ka ga aikin marmarar da babu kamarsa a duniya. Na riga na saya mana tikiti."

Na yi godiya. Na ɗauka wata masana'anta ce.

Da safe sai ga wata doguwar mota cike da Sinawa 'yan yawon buɗe ido, tsofaffi da 'yan mata, kowa da hular rana da kyamara. A gaba wata mace ce 'yar siririya riƙe da ƙaramar tuta a kan sanda, ita ce jagora. Tana ɗaukar lasifika ta fara zuba Sinanci, ba ta kuma tsaya ba sai da rana ta faɗi. Ni kaɗai ne baƙar fata a motar. Wata tsohuwa da ke gefena ta dube ni sama da ƙasa, ta yanke hukuncin yunwa nake ji, ta cusa mini wani busasshen ɗan itace mai gishiri a hannu. Na tauna don kunya, idona ya kawo ruwa, ta ga haka ta ƙara mini biyu.

Motar ta tsaya a gaban wani ƙaton gini mai ƙubba, da gicciye a samansa.

Na ce, "Mista Lin, wannan ai coci ne."

Ya ce, "Sosai ma. A ina kake zaton ake ajiye marmara mai kyau?"

Na tsaya ina shawara da zuciyata. Ban san hanyar komawa otal ba, sunan otal ɗin ma a aljihun Lin yake. Na ce wa kaina kallon gini ba ibada ba ne, ni kuma gini ne sana'ata. Na yi bisimilla na bi tuta.

A bakin ƙofa na yi abin da kowane ɗayanku zai yi. Wurin ibada ne, ko ba nawa ba ne, don haka na sunkuya na cire takalmina na riƙe a hannu. Ban san ana kallona ba. Ashe tun a mota Sinawan nan sun ga doguwar riga da hula sun ɗauke ni babban malamin addini, wanda ya san dokar irin waɗannan wurare. Tsohuwar nan ce ta fara cire nata, mijinta ya bi, kafin jagora ta gama karɓo tikiti ayarin nan kaf yana tsaye da safa, kowa riƙe da takalminsa a ƙirji, fuska cike da ladabi. Har Lin, wanda ya taɓa zuwa wurin, ya cire nasa don kada ya zama shi kaɗai ne marar tarbiyya.

Wani mai gadi ya taho da sauri yana ɗaga hannuwa sama. Ya yi magana da Italiyanci, jagora ta mayar da Sinanci, Lin ya mayar mini da Turanci: a mayar da takalma, ni kuma in cire hula. Wato abin da na cire shi suke so a bari, abin da na bari shi suke so a cire. A lokacin sanƙo ya fara cin tsakiyar kaina, kuma ko abokan kwanana ba su cika ganinsa ba. Na tuɓe hular na cusa a aljihu, iska ta bugi wurin da ta daɗe ba ta buga ba.

Haka muka wuni, daga wannan coci zuwa wancan. Jagora ta nuna rufi da tutarta, kowa ya ɗaga kai ya ce "Ooo," ni ma in ɗaga in ce "Ooo." Sai ta yi dogon bayani har da motsa hannu, in taɓa Lin in ce me ta ce, ya ce, "Ta ce tsoho ne ƙwarai." A kan zane na gaba ma in tambaya, ya ce, "Wannan ya fi wancan tsufa." Da wannan ilimi na fito daga Roma.

Amma ba zan ɓoye muku ba, na ga aiki. Rufi mai nisa an zane shi da mutane da gajimare kamar za su sauko. Akwai wani mutum-mutumi na mace zaune da gawar ɗanta a cinya, Lin ya ce Nana Maryam suke nufi. Raina bai so a siffanta ta ba, na kawar da kai. Sai dai na riga na ga yadda mai sassaƙar ya sa dutse ya yi laushi kamar mayafi, kuma na ji tausayin uwar ya kama ni ban shirya ba.

Da na gaji da abin da ke sama, sai na koma kallon ƙasa, inda babu abin da zai dami imanina. A nan hankalina ya tafi. Daɓe ne na marmara kala-kala, ja da kore da fari, an yayyanka ƙanana an haɗa, kuma mahaɗar ba ta ɗaukar ko farce. Na durƙusa na shafa. Ban gamsu ba, na kwantar da kuncina a ƙasa na rufe ido ɗaya, yadda muke yi in muna duba ko daɓe ya yi daidai. Na ga walƙiyar kyamara, ban kula ba.

Bayan mun dawo Riyad da 'yan kwanaki, Malam Hamisu direban kamfani, wani dattijon Bakano da ke zaune a unguwar Jaradiya, ya ja ni bayan kwantena bayan sallar la'asar.

Ya ce, "Injiniya, tsakaninka da Allah, me ya kai ka?"

Na ce, "Ina, Malam?"

"Kai da muke sa ka gaba a salla! Na ɗauko Lin ɗazu zan kai shi wurin mudir Abu Khalid, yana ta nuna mini hotuna a mota. Ga ka nan ba hula, goshi a ƙasa, wani ƙaton gunki tsaye a kanka ya miƙa hannu kamar yana sa maka albarka."

Na ce, "Wallahi daɓe nake dubawa, kuma kunci ne ba goshi ba."

Ya ce, "Ni na yarda. Amma hoton bai ce daɓe ba. Kuma yana kan teburin Abu Khalid yanzu haka."

Ashe Lin ya wanke hotunan tun a Roma, ya jera su a albam ya haɗa da rahoton tafiya, kamar yadda ya saba yi a kowane aiki. A Riyad ta wancan zamani, abin da bai kai wannan ba ya isa a buga wa mutum bizar fita ba dawowa. Na tuna na riga na rubuta gida na ce su fara shiri. Na je na sami Lin na yi masa bayani. Da farko dariya ya yi, ya ce ai shi ne hoton da ya fi kyau, yana nuna injiniya mai son aikinsa. Da ya fahimci abin da nake nufi, dariyar ta ɗauke.

Washegari da safe aka ce mudir na kirana. Na tarar da albam ɗin a buɗe a gabansa. Ya nuna mini kujera, bai sa an kawo gahawa ba, abin da bai taɓa yi ba.

Ya kira ni injiniya da Larabci ya ce, "Ya Muhandis, dutse na aike ka dubawa."

Na buɗe baki ke nan sai ƙofa ta buɗe, Lin ya faɗo ba sallama. Larabcinsa bai wuce na gaisuwa da farashi ba, Turancinsa kuma in ya ruɗe guduwa yake yi. Ya ce, "Ni na kai shi. Bai sani ba. Ba salla ba, ba salla ba!" Da ya ga maganar ba ta isa ba, sai mutumin nan, shugabana, mai furfura, ya zube a kan kafet da kwat ɗinsa, ya kwantar da kunci, ya rufe ido ɗaya, yana shafa ƙasa yana cewa, "Haka! Injiniya, haka!"

Abu Khalid ya ja gefen mayafin kansa ya rufe baki, kafaɗunsa suna rawa. Da ƙyar ya ce wa Lin ya tashi ya je, an gode.

Da muka rage mu biyu, ya zare hoton daga albam ya miƙo mini. Ya ce, "Wanda bai san ka ba, wannan ya ishe shi shaida, don haka kada kowa ya ƙara ganinsa. Ni kuwa duk ranar da azahar ta same ni a fili, a bayanka nake tsayawa. Ba hoto ne zai gaya mini ko kai wane ne ba." Ya jawo takardun iƙamata da na iyalina ya sa hannu a gabana, sannan ya ɗago ya ce, "Amma ka ji da kyau. Tunda ka iya kwanciya a daɓen Nasara, daɓen masallacin uwata in bai kai nasu ba, a kan wannan zan kore ka." Sai a lokacin ya kira a kawo gahawa.

Watannin da suka biyo baya a kan gwiwa na yi su a Nasim, ina sa masu daɓe suna ɓamɓarewa suna sakewa har suka tsane ni. Malam Hamisu kuwa duk ya wuce ya gan ni a kwance sai ya ce, "Injiniya, a yi mana addu'a."

Abin da na koya shi ne, a aikin nan za ku zauna da mutanen da ba ku haɗa harshe ko alƙibla ba, kuma wani zai jefa ku cikin matsala da kyakkyawar niyya. Kada ku yi saurin yanke masa hukunci, ku jira ku ga abin da zai yi in ya gane. Lin bai aiko da takardar ban haƙuri ba, bai ce zai yi magana da mudir in an kwana biyu ba. Ya zubar da girmansa a ƙasa a gaban mai kamfani domin wani ɗan Zariya ya ga 'ya'yansa. Tun daga ranar, duk lokacin da aka kira na ƙasa da ni ofis a kan laifin da nake da hannu a ciki, ban taɓa barinsa ya shiga shi kaɗai ba.