Kukan Inna a Fim Ɗin Ɗan Goggo

Ɗan Goggo ne, ƙanwar Babanmu, don haka taubashina ne, kuma ya ɗan girme ni. A gidanmu ya tashi, domin Baba ne ya ɗauko shi bayan mahaifinsa ya rasu. Baba fataucin hatsi yake yi, daga Rijau da Nasko zuwa Kontagora, ya yi iya ƙoƙarinsa ya koya masa sana'ar, amma shi ba ya son duk abin da zai ɓata masa riga. An kai shi wurin masu faci, ya gudu. An kai shi ɗinki, ya ce zama yana sa masa ciwon baya. Abin da ya karɓe shi kawai shi ne bin wani mai ɗaukar bidiyon biki, saboda a can akwai shinkafa da nama, kuma 'yan mata suna kallon mai kyamara.

Daga nan ya tafi Kano. Bai daɗe ba ya dawo da wata riga mai aljihu ko'ina, da gilashi baƙi, da Hausar da ba da ita ya tafi ba. Ya kama shago kusa da tasha, ya sa aka rubuta masa allo da manyan baƙaƙe, ya ce daga yau shi furodusa ne. In ka kira shi da sunan yanka sai ya yi kamar bai ji ba. Har Goggo, baiwar Allah, aka koma ce mata Maman Furodusa, tana murmushi tana amsawa, alhali ba ta san me kalmar take nufi ba.

Sau ɗaya na je kallon aikinsa, a wani fili ta hanyar Ibeto, saboda ƙawata tana cikin 'yan wasan. Yana zaune a kujera ƙarƙashin laima, yana ta yi wa mutane tsawa, duk wanda ya wuce sai ya ce masa ya shiga masa sin, wato cikin hoton da ake ɗauka. Ranar ana so jarumar ta yi kuka, ta kasa. Aka shafa mata man zafi a ƙasan ido, ta yi ta hawaye kamar mai yankan albasa, fuskarta kuwa ko a jikinta. Ya jefar da hularsa ƙasa ya ce, “Matsalar garin nan ke nan, babu wanda ya iya kuka!” Fim ɗin ya fito, mutane suka saya don su ga titin unguwarsu a faifai, suka yi dariya a wuraren da ya so a yi kuka.

Ana cikin haka Baba ya kwanta ciwo, da damina ya cika.

Innarmu mace ce mai kunya irin ta mutanen da. Tun da na yi wayo ban taɓa jin ta ambaci sunan Baba ba, sai dai Malam, ko “mai gidan”. Ban kuma taɓa ganin hawayenta ba, ko da ta binne 'ya'ya. Safiyar da Baba ya rasu ma tana zaune a kan tabarma da carbi, mata suna shigowa tana amsa gaisuwa, ita ce ma take ba mu haƙuri. Furodusa ya iso da kyamara a kafaɗa. A waje dattawa suka hana shi, liman ya ce masa nan ba wurin biki ba ne. Sai ya shigo cikin gida, tun da ɗan gida ne babu mai tare shi, ya tsaya a bakin rumbu. Na tambaye shi me yake yi, ya ce, “Na tarihi ne, taubashiya. Don jikokin Kawu su gani.” Hankalina ba ya jikina, na wuce.

Da aka ɗaga makara za a fita da Baba, Inna ta miƙe. Ta bi su har bakin zaure, ta kama ƙyaure, ta sulale ƙasa. Ɗankwalinta ya faɗi, furfurarta a waje. Sai ta kira Baba da sunansa, da ƙarfi, da wata murya da ban san tana da ita ba. Matan gidan gaba ɗaya suka rushe da kuka. Muka rufe ta da mayafi muka mai da ita ɗaki. Bayan nan babu wanda ya sake tayar da maganar, ita ma ba ta tayar ba.

Ta gama takaba, an shiga rani, sai ga maƙwabciyarmu, wata Bakambara Kirista mai sayar da man ja, wadda suka yi shekara da shekaru suna zumunci da Inna. Ta ja ni gefe ta ce, “Ɗiyata, na ga uwarki a talabijin. Ban so ba, amma gara ki ji daga bakina.” Washegari da la'asar aka maimaita shirin, na je gidanta na kalla.

Shiri ne mai dogon zango, na farko da wata tasha ta karɓa daga hannunsa. Labarin wani azzalumin ɗan kasuwa ne mai ɓoye hatsi yana cin dukiyar marayu. Kuma sunan Baba ya sa wa mutumin. Na daɗe ban gane dalili ba, sai da aka zo mutuwar azzalumin, aka nuna makara, sai ga zauren gidanmu, ga Inna ta kama ƙyaure, kai babu ɗankwali, tana kiran sunan nan, an sa mata kiɗa mai taushi a ƙasa. Wato tun kafin ya rubuta labarin ya zauna ya saurari muryarta, ya ga cewa in yana son ta dace, dole mugun ya ci sunan kawunsa, mutumin da ya ciyar da shi ya yi masa aure.

Ban koma gida ba, shagonsa na nufa. Na same shi da 'yan wasansa ana ta yi masa barka. Yana ganina ya washe baki.

“Taubashiya! Kin gani ko? Har daga Minna ake kirana.”

Na ce, “Wa ya ba ka izini?”

“Haba, izini tsakanina da Inna? Ai uwata ce. Ke ba ki san harkar nan ba. Wallahi duk Kano babu jarumar da za ta yi abin da Inna ta yi a sin ɗin nan.”

“Ba sin ba ne. Mijinta aka ɗauka.”

“To ai shi ya sa ya yi kyau,” in ji shi.

Na tambaye shi sunan Baba fa, a kan ɓarawo. Ya ce suna ai na kowa ne, ba Kawu kaɗai ke da shi ba, kuma in an duba ma ya dawwamar da Kawu ne. Ya juya ga yaransa yana dariya ya ce kada su damu, wasan taubasai ne, haka muke yi tun muna yara. Na dube shi, da gilashinsa a ka da tumbin da ya fara ajiyewa, na ga babu wurin da magana za ta shiga, na fita.

Mun so mu ɓoye wa Inna, amma Kontagora ba ta ɓoye irin wannan. Yara suka riƙa kwaikwayon kiran nan a lungu suna faɗuwa ƙasa. Wata mata a kasuwa ta ce mata ashe Hajiya ta shiga fim. Da ta gane, ba ta yi faɗa ba. Ta ce kawai, “Har da kaina a buɗe?” Na ce e. Daga ranar ta daina zuwa kasuwa, ta daina zuwa biki da suna, sai gaisuwar mutuwa, shi ma da niƙabi, ita da ba ta taɓa sawa ba. Goggo ta zo tana kuka tana cewa a yi haƙuri, yaro ne. Yaron nan a lokacin yana da mata da 'ya'ya a makaranta. Shi kuwa bai tako ba, sai da salla ya aiko da turmin atamfa. Inna ta ba maƙwabciyarmu.

Shirin nan shi ya ɗaga shi. Tashar ta ƙara ba shi aiki, 'yan siyasa suka fara kiransa ya yi musu talla, ya yi wa wannan bana, baɗi ya yi wa abokin hamayyarsa da hotuna iri ɗaya. Ya sayi mota, ya je Makka, ya zama Alhaji Furodusa. Na sha jin sa a rediyo yana wa'azi a kan tarbiyya, yana cewa fim amana ne, kuma shi bai taɓa sa abin da zai zubar da mutuncin mace ba. Nakan bar rediyon a kunne don in ji iyakar abin da bakinsa zai iya ɗauka.

Sannan zamani ya juya. Faifai ya mutu, samari suka fara yin abinsu da waya suna sawa a intanet, tashar ta samu waɗanda suka fi shi, 'yan siyasar da ya yi wa talla suka faɗi. Motar ta tafi. Yanzu shagon nan na kusa da tasha cajin waya ake yi a ciki da tura fina-finai a waya, na wasu ba nasa ba, allon dai yana nan ya koɗe.

Inna ta rasu ba ta sake ambaton maganar ba, kuma har ta bar duniya in ya gaishe ta tana amsawa. Ni ma ina amsawa, saboda Goggo tana raye. Kwanakin baya na je tasha karɓar saƙo, ya hango ni ya taso. Ya ce yana shirin babban aiki, fim a kan rayuwarsa, yadda maraya ya tashi babu mai taimakonsa har ya zama wani abu, yana so in zauna da shi in tuna masa abubuwan ƙuruciya, tun da ni ina da riƙe abu. Na ce masa ina sauri, na bar tukunya a wuta. Na tsayar da ɗan acaɓa na hau.