Alƙalan Aling Soring na Kasuwar Kifi

Shekara arba'in da biyu, kowace safiya Aling Soring Banaag (Aling, wato Inna a harshensu) takan sha kofinta da burodi, ta naɗe takardu a leda saboda ruwan sama, ta nufi kasuwar kifi ta birnin Malabon. Ba cefane ke kai ta ba. Marubuciyar labarin fim ce, kuma dokarta guda: babu shafin da zai isa hannun darakta sai ta karanta wa mata masu gyaran kifi. In wuƙaƙe suka tsaya, shafi ya tsira. In aka ci gaba da kankare ɓawo, nan take za ta yage shi.

Babbar alƙaliyar ita ce ƙawarta Aling Pasing, mai baki kamar reza. Wata rana Soring ta karanta musu bankwanan uwa da ɗanta mai tafiya aikin jirgin ruwa.

"Haba Soring!" in ji Pasing. "Wace uwa ce za ta tsaya wannan doguwar huɗuba jirgi na shirin tashi? Tambayarsa za ta yi ko ya ci abinci."

"To ke da kika fi ni sani, karɓi biron mana."

"In na karɓa, wa zai ba ki gyaran kifi, malalaciya?"

Soring ta saka tambayar abincin a fim ɗin, 'yar tambayar kuwa ta sa gidajen sinima kuka. Sai dai kura da shan bugu, gardi da kwashe kuɗi: darakta da taurari aka yi wa tafi, sunan Soring ko a ƙasan allo bai fito ba. Abin yana ƙona mini rai har yau.

Bara masu adana tsofaffin finafinai suka tono fim ɗin. Hoto ya tsira, amma sautin rabin ƙarshe ya lalace, rubutun kuma ambaliya ta daɗe da cinye shi. In ba a samo kalmomin ba, fim ya zama bebe, shaidar aikinta ta tafi ke nan. Suka kawo fim ɗin gidan Soring. Tsohuwa mai shekara saba'in da tara ta daɗe tana kallon leɓunan 'yan wasan, sannan ta ce, "Na manta." Hawaye ya zubo mata.

Da Pasing ta ji, cewa ta yi, "Ku kawo abin nan kasuwa."

Aka ɗora talabijin a kan teburin kifi. Leɓuna na motsi babu murya, tsofaffin mata na cike musu magana, suna gardama a kan kalma ɗaya kamar za su daku. Da aka zo bakin tashar jirgi, Pasing ta ajiye wuƙa, ta ce a hankali, "Ka dai ci abinci ko?" Bakin uwar da ke allon ya bi nata daidai.

Da kalmomin nan aka maido wa fim ɗin murya. Yanzu sunan Soring ne farkon abin da ke fitowa a allo. Ta ƙi yarda sai da aka jera sunayen matan nan tara ƙarƙashin nata.

Aling Soring, ke ce mai kunnen da bai raina kowa ba. Ke ce kika sa iyayenmu suka ji muryarsu a allo. Mun gode, Allah ya ƙara lafiya. Ku kuma masu tasowa, kafin ku yaba wa alƙalaminku, ku kai shafin kasuwa ku ga ko wuƙaƙe za su tsaya.