Madubin Sojan da Ke Kallon Rufina

Shekarun baya, lokacin da gari bai gama lafawa ba, mu huɗu ne a kan dutsen bayan gidanmu a Dutse Uku: ni, da maƙwabciyata 'yar Birom mai sayar da dankali, da sojoji biyu da aka girke a wurin.

Abin da ya kai ni wani madubin hangen nesa ne da suka kafa a kan ƙafafu uku. Ni ba abin da ke wuce ni a layinmu. Kullum da hantsi sai in ga ɗayansu ya duƙa, ya juya bakin abin, ya tsayar da shi daidai gidana. Ɗana direba ne a Titin Bauchi, kullum yana hanya. Na ce shi ke nan, wani ya kai sunansa.

Maƙwabciyata ta ce da irin Hausarta, "Mama, kar ka je, za su harbe ka fa." Na ce ta riƙe mini hannu kawai, gwiwa ce damuwata.

Ƙaramin sojan ya tare mu. "Mama, ba a hawa nan."

"Tun ba a haife ka ba nake shanyar tattasai a nan. Me ɗana ya yi muku?"

Ogansa ya yi dariya, ya ce in zo in duba da kaina. Na kafa ido. Sai ga tsakar gidana kamar in miƙa hannu, ga surukata tana zuba wa kaji tuwon da na ce a ajiye. Na haɗiye wannan tukuna. Ya danna wani abu, jan rubutu ya fito a ciki. Ya ce nisan da ke tsakaninmu da gidan ke nan.

"Wa ya auna? Ina igiyar?"

Ya ce wani haske ne da ido ba ya gani, yakan je ya taɓa abu ya dawo, na'urar ta lissafa. Na sa ya auna mini masallaci, da bishiyar mangwaro, har da akuyar mutane. Na ma manta faɗa na zo yi.

"To me ya sa gidana kullum?"

"Kwanon rufinki sabo ne, Mama, ya fi na kowa ƙyalli. Da shi muke gwada ta. Ba mu san ɗanki ba."

"In kun san nisan, sai a yi me da shi?"

Ya dubi bindigar da ke jingine a gefe, ni ma na dube ta.

Har yau ina mamakin hasken nan da ya yi ta taɓa gidana ina ciki ban ji ba. Na yarda da ogan, ban ga ƙarya a fuskarsa ba. Amma sojoji canza su ake yi, kuma wanda zai gaje shi ban san halinsa ba.

Washegari da sassafe na kwaɓa jar ƙasa, na sa ɗana ya hau rufi. Na tsaya daga ƙasa da sanda ina nuna masa inda bai shafa ba, har kwanon ya koma kamar na kowa.