Kujerar da Ta Ƙi Fita

Nokulunga 'yar ƙanwar babata ce. Tun tana ƙarama ba ta da surutu, sai zane. Da ta girma ta koma yin zane mai motsi a kwamfuta, amma ba irin na ba yara dariya ba. Gidajen da banki ya ƙwace a Soweto take bi, ta ɗauki hoton kowane lungu da waya, ta sake gina su a kwamfuta: bango na numfashi, kujeru na fita ƙofa ɗaya bayan ɗaya. Ko mutum guda ba ta sakawa. Na ce mata abin nan tsoro yake ba ni, ta ce ai da ma.

Shekarar da mahaifiyarta ta rasu, gwanjo ya faɗo kan nasu gidan. Kwana uku aka ba ta. Ta ɗauki hotuna, ta kwashe kaya, ta ja ƙofa. Da yake kanta ya cika da boko, ta manta a wajenmu ba a tashi a bar mamaci. Sai an zo da reshen magaryar kura, a kira sunansa, a ce ya taso a tafi.

Da ta haɗa zanen gidan, komai ya fita sai kujerar roba ɗaya a kicin. Ta goge ta, ta dawo. Rannan da rana tsaka ta nuna min. Na ga kujerar ta lotsa kamar an zauna.

Da Kawu Bhekizizwe, yayan marigayiyar, ya ji labari, ya yi faɗa kamar zai ari baki. Muka yanko reshe muka je, ashe sabon mai wurin ya rushe gidan, ya jera ɗakunan haya. Dole tsohon nan ya tsaya gaban kwamfuta da reshe a hannu, ya buɗe baki zai kira ƙanwarsa. Sai ya waiwayo.

"'Yar nan, in ta taso, ina za mu sauke ta?"

Gado ɗaya Nokulunga take haya a unguwar Hillbrow, bayan labule, su tara a falo. Tausayinta ya kama ni. Ta karɓi reshen, ta ajiye gefen kwamfutar.

"Yi zamanki, Mama," ta ce. "Nan dai ba mai korarki."