Inna Gam da Masu Ƙona Waina

Duk wanda ya tashi a tsallaken kogin nan na garin Hoi An ya san innata, Gam. Ko bai san sunanta ba, ya san ƙarar kaskonta. A cikin jirgin kamun kifi aka haife ta, ba ta taɓa zaman aji ba. Tun tana 'yar ficiciya take bin uwarta kasuwa da sanda a kafaɗa, murhu rataye a gefe guda, tukunyar ƙullu a ɗaya gefen. Banh seo take toyawa, wainar nan tamu mai faɗi ta ƙullun shinkafa da kurkum da madarar kwakwa, a zuba jatan lande da tsiron wake a ninke. Da ita ta riƙe mu bayan babanmu ya fita teku bai dawo ba. Shekarar da ambaliya ta cinye kasuwa, sai ta hau saman bene da murhunta ta ci gaba da tuya, masu kwale-kwale suna tsayawa ta taga suna saye.

Ni ce Lai, 'yarta mace tilo. Mazan duk sun tsere birnin Saigon, ni na zauna. A gindin murhunta na koyi tuya, kuma da bayan hannuna na biya kuɗin makaranta, don da tsinken cin abincinta take ƙwala mini, kuma ba ya kuskure.

"Wannan waina ce ko tafin takalmi?" Ƙwas!

"Wa ya ce ki juya kaskon kamar mai korar kaza?" Ƙwas!

Yau na haura arba'in, furfura ta fara leƙowa, rumfar tata tana hannuna, layi ake yi a gabana da safe. Amma tun da nake, matar nan ba ta taɓa buɗe baki ta ce abin da na toya ya yi ba. Ko sau ɗaya. Abin da nake nema a wajenta ke nan tun ina goye da ƙannena, kuma ba na jin kunyar faɗa. Da na gaji sai na ce wa zuciyata haka aka halicci bakinta, ba ya iya furta yabo, na haƙura.

Ashe yana iyawa.

Lokacin da gwiwoyinta suka ƙi zaman kasuwa, maƙwabciyarmu Tuyet, wadda ta iya Turanci, ta buɗe ajin koyar da girki a gonar kwakwarsu don matafiya masu yawon buɗe ido. Ta ce Goggo Gam ta zo ta riƙa nunawa, ita kuma tana fassara. Ranar da na fara kai musu ganye, na tarar da wani ƙaton Bature mai gemu ya daddage yana kankare kasko. Abin da ya fito da shi, ko karen kasuwa sai ya yi shawara kafin ya ci: baƙi ƙirin, a yage, jatan landen ɗaya a ƙasa. Na tsaya na gyara tsayuwa, na ce yau mai gemu zai sha tsinke.

Sai innata ta tafa hannu, ta ɗaga babban yatsa, ta ce da Turancin da ta tsinta, "Lamba ɗaya!" Har da shafa masa kafaɗa.

Kwandon ganyen saura kaɗan ya suɓuce mini.

Da yamma na tare ta tana cire takalmi. "Inna, mai gemun nan fa gawayi ya toya."

"Ya yi ƙoƙari."

"To ni fa?"

"Ke me? Miƙo min man zafi, gwiwata ta matsa min."

Haka aka ci gaba. Kullum sababbin fuskoki, kullum sabon ƙauri, kullum lamba ɗaya. Masu zuba ruwan kifin nan mai gishiri da muke ɗanɗana abinci da shi kamar suna wanke kwano, lamba ɗaya. Masu tsoron mai suna jefa ƙullu daga nesa su ruga, lamba ɗaya. Ina haɗiyewa, don dai gobe jirgi zai kwashe su. Sai ga Femke.

Wata doguwar yarinya ce 'yar Holan, ta zo ajin wuni guda, ta ɗage tafiyarta, ta sake ɗagewa. Innata ta laƙaba mata "'yata." Da idona na ga ta kama hannun yarinyar nan cikin nata tana juya kasko a hankali, a hankali, tana mata 'yar dariya. Ta goge mata zufa da gefen rigarta. Wajen cin abinci ta zare ƙayar kifi ta ɗora mata tsokar a kan shinkafa. Ni rabon da a zare mini ƙaya tun kafin in yi wayo. Ƙirjina ya riƙa zafi kamar na haɗiyi barkono ɗanye. Kishi nake yi, da yarinyar da na isa in haifa, kuma na san kishi ne.

Abin da ya ƙarasa ni, wata safiya ta jawo ta har rumfata, Tuyet na biye da su. Na zaɓi jatan lande mafiya girma, na toya musu. Femke ta ci ta lumshe ido, ta yi wata doguwar magana.

Tuyet ta ce, "Yaya Lai, wai ba ta taɓa cin mai daɗin wannan ba."

Innata ta gutsira, ta tauna, ta yamutsa fuska, ta dubi Tuyet. "Kara ce kawai take yi mata. Gishiri ya yi yawa. Ce mata ta bari mu koma aji ta ci ta kirki."

A gaban masu layi! Bayan sun wuce na jawo Tuyet gefe, idona ya kawo ruwa. Ta ce, "Haba Yaya Lai, kamar ba a nan aka haife ki ba? Mu ai ba ma yabon namu. Jariri ma mummuna ake ce masa, don kada iskoki su ji su yi sha'awa."

Na ce, "Ni jaririya ce? Iskokin da za su zo ɗaukar mace mai furfura da ciwon baya ai sun rasa aikin yi. Sa sunana a ajin gobe."

"Sunanki? A matsayin wa?"

"Matafiyiya. Daga tsallaken kogi na taso."

"Kin haukace!"

Na biya kamar kowa, ta karɓa tana girgiza kai.

Washegari ban buɗe rumfa ba. Na saka doguwar rigata ta zuwa biki, na karɓi malfa irin wadda ake raba wa baƙi, na shiga cikinsu. Da zagayen kasuwa ake farawa, Tuyet a gaba tana nuna musu lemun tsami kamar wani abin al'ajabi. Matan kasuwa suka hango ni a tsakiyar Turawa, ai kuwa wuri ya kaure.

"Lai, daga wace ƙasa?"

"Ku faɗa mata farashin baƙi, ta ji yadda ake ji!"

"Madam, a ɗauke ki hoto da kabewa?"

Na ɗaure fuska na wuce. Har kwale-kwalen nan mai zagaye kamar kwando na shiga tare da su, mai tuƙin yana juya mu a ruwa suna ihun murna, ni ina riƙe da malfata ina ayyana yadda zan karkata kasko.

Muka isa. Murahu a jere ƙarƙashin rumfar ganyen kwakwa, kowa ya ɗaura rigar girki, Femke tana kusa da ni tana ta yi mini murmushi, baiwar Allah ba ta san me ake ciki ba. Innata ta fito tana ɗingishi. Ta bi layin da ido, ta zo kaina, ta tsaya. Ta dubi rigar bikin, ta dubi malfar. Sai ta juya ta fara darasi.

Da aka ce kowa ya gwada, na bar kaskon ya yi zafi yadda ya kamata, na zuba. Ƙarar da ya yi sai da baƙin suka waiwayo. Na karkata shi zagaye guda, ƙullun ya bazu siriri har kana hango ƙarfen. Gefen ya ɗago da kansa, ya yi ja-ja, na ninke. Tun da nake tuya ban taɓa fitar da irinta ba. Na ɗora ta a faranti.

Ta faro daga can ƙarshe. Lamba ɗaya. Lamba ɗaya. Ta Femke ta manne a kasko, ita ma lamba ɗaya. Sai ga ta a gabana.

Ta haɗa hannu biyu, ta ɗan rusuna mini, ta washe haƙora duka. Ta ɗaga babban yatsa.

"Lamba ɗaya!"

Ta tafa, baƙi suka tafa, Femke har da tsalle. Amma ko kallon farantin ba ta yi ba. Ba ta karya gefen ta ji ƙararsa ba, ba ta ɗaga ta duba ƙasan ba, balle ta ɗanɗana. Idonta yana kan goshina, kafin a gama tafin har ta matsa gaba.

Na tsaya da tsinke a hannu. Ga abin da na shekara arba'in ina jira, an ba ni a bainar jama'a, kuma ji na yi kamar an watsa mini ruwan wanke-wanke.

Aka zauna cin abinci. Ta zuba mini shayi da hannu biyu, yadda ake yi wa manyan baƙi. Ta juya wajen Tuyet, ni ina zaune a gabanta, ta ce, "Tambayi baƙuwar nan ko tana cin barkono."

Tuyet ta sunkuyar da kai. Na ce, "Inna..."

Ta sake washe mini haƙora, ta tura mini kwanon ganye. Da aka tashi ta raka mu bakin ruwa, tana ɗaga wa kowa hannu. Ni ma ta ɗaga mini, ta ce a sauka lafiya, a sake dawowa. Kwale-kwale ya ja da ni tare da mutanen da gobe za su bar ƙasar.

Da yamma ta dawo gida, na ɗauka za ta balbale ni da faɗa, in ji sanyi. Ta nemi man zafinta da kanta. Na miƙa hannu zan shafa mata, ta ce in bar shi, kada in wahala.

Tuyet ce ta gaya mini daga baya cewa bayan tafiyarmu tsohuwar ta daɗe zaune ita kaɗai a gaban murhun da na yi aiki a kai. Wai abin da ta ce kawai shi ne, "Gaban baƙi ta zo ta roƙe ni yabo, kamar ban san abin da na haifa ba."

Abin ya kwana biyu yanzu. Femke ta tafi tuni, wasu sun zo suna ta ƙona nasu. Ni kuwa gida ɗaya muke kwana da innata tana yi mini ladabi. Na ba ta haƙuri, ta ce ai ban yi laifin komai ba. Jiya da safe na toya mata waina, da gangan na sauke ta tsakiyarta ɗanya shakaf, ƙullu yana nasowa. Na ajiye a gabanta, na zauna kusa yadda hannunta zai kai gare ni.

Ta cinye tas, ta jera tsinkenta a kan kwano, ta ce, "An gode, ta yi daɗi."