Ramin Niƙan Kakata a Bakin Zobe

Mun tashi da asuba daga Kurfi, ni da gwaggona, saboda abu guda: tana son ganin dutsen da mahaifiyarta take niƙa gero a kai. Tun Gwaggo tana budurwa aka tare ruwan Zobe, ruwa ya ci ƙauyensu, kuma sai bazara ta yi tsanani dutsen ke leƙowa. Bana labari ya zo cewa ruwa ya ja sosai. Ga damina ta ƙarato, ga idon Gwaggo kullum ƙara dushewa yake.

Kuɗin mota ya tashi, amma direba ya ga tsohuwa ya ba ta gaba. Daga Birchi zuwa Dutsin-Ma duwatsu ne jibga-jibga, wasu a ɗore kan wasu kamar an jera tukwane. Da yake labarin ƙasa nake koyarwa, bakina bai yi shiru ba. Na ce mata waɗannan duwatsun a narke suke can cikin ƙasa kafin su daskare, ruwa da iska suka yi ta kwashe ƙasar da ta rufe su har suka bayyana.

"To wa ya hura wutar, Malam?" in ji ta. Mota ta kwashe da dariya.

A tashar Dutsin-Ma muka sha koko da ƙosai mai zafi, sannan muka ɗauki mashin zuwa bakin ruwa. A hanya na ga kwazazzabai sun yanka gonaki, jar ƙasa a buɗe. Ashe inda za mu, can wannan ƙasar ta riga mu zuwa.

Ruwan ya ja da gaske, amma babu dutse. Laka da yashin da ƙoramu ke kwasowa duk damina sun binne wurin, har wani manomi ya dasa albasa a kai. Gwaggo kuwa ta sa na juya ta ta fuskanci wani tudu da ta sani, ta shiga caka sandarta a ƙasa tana tafiya a hankali. Can sai muka ji ƙwas.

"Mi kike biɗa, Inna?" in ji mai albasar. Da ya ji bayani, sai ya tumɓuke albasarsa ya sa fartanya. Muka yi ta tono har rana ta take, sai ga wani ɗan rami mai santsi a jikin dutsen, wanda hannun mata ya sassaƙa shekara da shekaru.

Gwaggo ta durƙusa ta shafa shi. Ta kwance bakin zanenta, ashe gero ta ƙullo tun daga gida. Ta zuba a ramin, ta sa ɗan dutse ta murza, ta ce, "Inna, ga ni na zo." Wallahi sai da na juya baya na share ido.

Mun dawo Kurfi kafin magariba, da soyayyen kifi mai arha da albasar da manomin ya ce lallai mu tafi da ita. Tafiyar ta koya mini cewa dutse yana jira, ƙasar gonakinmu ce ke gudu, kuma mutum ba ya da lokacin dutse. A makon nan ruwan farko ya sauka. Gwaggo ta ji shi a kan kwano, ta yi murmushi ta ce, "Bari shi rufe, na riga na gani."